Ga 'yar'uwar da aka sauya wa ƙarshen labari

Wa'alaikumus salam ƙanwata. Kin ce furodusa ya sauya ƙarshen labarinki ba da saninki ba, kina tambaya ko ki ajiye alƙalami, kuma ko marubutan Masar da nake yawan ambata a nan su ma ana yi musu haka. Wallahi ina karantawa zuciyata na tafasa, domin ciwon nan na san shi.

Nawa labarin wata bakwai na yi a kansa, akasari bayan yara sun yi barci, da fitilar waya. Aka ba ni ɗan kafin alƙalami, aka ce ciko sai an gama ɗauka. Ba a kira ni lokeshan ba ko sau ɗaya. Fim ya fito, na tara ƙannena a falo muka kunna. Matar da na rubuta ta kwashe kayanta ta bar gidan da ake zaluntarta, sai ga ta durƙushe tana ba mijin haƙuri, ana kiɗan biki. Ɗaya daga cikinsu ta juyo ta ce, "Yaya, haka kika rubuta?" Na kasa buɗe baki. Na buga wa furodusan waya ya fi sau goma, da ya ɗauka cewa ya yi kasuwa ce ta so haka, ai ya saya. Har yau cikon bai zo ba, sunana ma a can ƙasa aka sa, bayan na masu kwalliya. Na yafe kuɗin, durƙuson nan ne ban yafe ba.

To, batun Masar. Ki nemi tarihin marubucin finafinai Wahid Hamid, ɗan wani ƙauye a lardin Sharƙiyya, an haife shi a 1944. Da gajerun labarai ya faro, sai shahararren marubuci Yusuf Idris ya ba shi shawarar ya koma rubutun wasa, ya bi ta dandamali da rediyo har ya kai ga fim. A 1986 aka yi fim ɗinsa Al-Bari', Atif al-Tayyib ya ba da umarni, Ahmad Zaki ya fito a matsayin yaron ƙauye da aka kai gadin kurkukun 'yan siyasa, aka ce masa duk maƙiyan ƙasa ne, har ranar da ya ga ɗan garinsu a cikinsu. Ministoci uku suka zauna a kan fim ɗin, na tsaro da na cikin gida da na al'adu, aka datse ƙarshen inda yaron ya juya bindiga kan manyansa. Sai a 2005 aka haska shi cikakke, shekara 19 ke nan.

Bai zauna kuka ba. Ya rubuta wa jarumi Adil Imam finafinai a jere, ciki da Al-Irhab wal-Kabab a 1992, ya kuma buɗe kamfaninsa yana shirya wasu da kansa. Wannan ne ya fi tsaya mini a rai, domin mai kuɗin fim shi ke riƙe da almakashi. Ya rasu a watan Janairun 2021, 'yan makonni bayan bikin finafinai na Alƙahira ya karrama shi.

Kada ki ƙara miƙa rubutu babu takarda da shaidu, ko da ɗan'uwanki ne. A rubuta cewa ba a taɓa ƙarshe sai an tuntuɓe ki. Ki adana kwafinki na asali, nawa yana nan a ƙasan akwati cikin leda, wani lokaci nakan ɗauko in karanta shafi uku na ƙarshe. Kuma ki riƙa cin abinci don Allah, ni sai da na rame a lokacin, har aka zaci ciwo nake. Ki gwada rediyo ma, can ba a kashe kuɗi da yawa, hannun da ke taɓa rubutu kaɗan ne. Turo mini ƙarshen da kika rubuta ta akwatin sirri, ina son in karanta yadda yake tun ba a taɓa shi ba.