Amsa ga ƙanwarmu mai zanen 'yan tashe

Ƙanwata, kin ce a Kakuri aka haife ki, mahaifinki Bajju ne amma Hausa ce a bakinki, kuma da kika zana 'yan tashe aka ce me ya haɗa ki da su, har kina tunanin dainawa. Don Allah kada ki daina. Abin da ya ci ki shi ya ci ni.

Babana Banufe ne, ni kuwa a Tudun Wada aka binne cibiyata. Mun taɓa shirya wasan daɓe a kan yadda garin nan na Kaduna ya rabu bayan rikicin 2000, maƙwabta suka kwashe kaya, waɗannan suka haye kogi zuwa Sabon Tasha, waɗancan suka nufi Rigasa. Ni na rubuta, ni na zana labulen baya, gada a tsakiya, dagi a samanta. Ana dab da ranar, wani babba cikin masu shirya taron ya ce wai labarin Hausawa sai Bahaushe, a nemo wani ya fito a maigidan wasan a madadina. A gaban yaran da nake koya wa ya faɗa, yana murmushi, har da tambayata sunan kakana. Mutumin da ya ci tuwon sunan ɗana! Na tsaya da fenti a hannu, bakina ya mutu, yara suka sunkuyar da kai. Aka yi wasan da labulena, ba a ko ambaci sunana ba, kuma har yau bai dawo min da shi ba. In mun haɗu a ɗaurin aure sai ya miƙo hannu kamar ba shi ba.

Shi ya sa nake ce miki ki riƙa sa hannu a kowane zane, ki ɗauki hotonsa kafin ya bar ɗakinki.

Masu wannan magana, ina suka ajiye marigayi Samanja? Usman Baba Pategi daga Pategi ta ƙasar Nufe ya fito, kuma a Kadunar nan ya riƙe wasan kwaikwayon Hausa shekara da shekaru. Ɗaliban da suka kafa ƙungiyar zane a Zariya a 1958, su Uche Okeke da Bruce Onobrakpeya, daga kudu suka zo, abin da suka nace a kai shi ne mai zane ya haɗa na gida da na makaranta.

Ki zauna da tsofaffin unguwa su ba ki labarin tashen Mairama da Daudu yadda suka yi shi suna 'yan mata, za ki samu abin zana da yawa. Zonkwa ma ki je, ba don a rufe bakin kowa ba, dangin babanki ne, suna da hakki a kanki. Ki leƙa gidan tarihi na titin Ali Akilu ki ga tsofaffin kawunan yumɓu na Nok, daga kudancin jihar nan aka fara tono irinsu.

Ranar da za ki baje zanen, ki sanar a nan. Zan zo da yarana mu taya ki ratayawa, in sha Allahu.