Kun Tambaya: Me Kashi 40 Na Ruwa Da Tsawa Ke Nufi?

Tambaya: Malam, hasashen yanayi ya ce yiwuwar ruwa da tsawa kashi 40 cikin 100 ne. Mu ko ɗigo ba mu gani ba, garin da ke kusa da mu kuwa an tafka shi kamar da bakin ƙwarya. Kuskure aka yi?

Amsa: Ba kuskure ba ne, Malam. Abin nufi shi ne, cikin kwana goma masu irin wannan yanayi, a huɗu ruwa zai sauka inda kake, a shida ba zai sauka ba. Adadin bai faɗi yawan ruwan ba, bai kuma faɗi daɗewarsa ba.

Sau biyu a rana ake sakin balan-balan ɗauke da na'urar auna zafi, danshi da iska. Sai a haɗa da bayanan tauraron ɗan'adam a ɗora wa kwamfuta. Cibiyar hasashe ta Turai takan maimaita lissafin sau 51, kowane da ɗan sauyi a ma'aunin farko. In 20 suka nuna ruwa, ka ga wajen kashi 40 ke nan.

Hadari na bukatar danshi a ƙasa, iska mai sanyi a sama, da abin da zai cira iskar ƙasa mai ɗumi, kamar zafin rana ko tsauni. Na ukun nan shi ke ba masana wahala. Gajimare ɗaya yakan haɗu, ya zubar, ya watse cikin minti 30 zuwa awa ɗaya, don haka yankin ake iya faɗa, ba unguwar ba.

In ka ga walƙiya, ƙirga daƙiƙa har ka ji tsawa: kowace daƙiƙa uku na nufin nisan kilomita ɗaya tsakaninka da walƙiyar. In ƙirgen bai kai daƙiƙa 30 ba, don Allah shiga ɗaki, kada ka fake gindin bishiya. Bayan tsawar ƙarshe, jira minti 30.

Tambaya: An ce zafi digiri 36, ma'aunin motata ya nuna 42. Wanne zan ɗauka?

Amsa: Na hasashen, Hajiya. A inuwa ake aunawa, cikin farin akwati mai shan iska, mita 1.25 zuwa 2 daga ƙasa. Na mota kuwa turirin kwalta da na inji yake sha, musamman in tana tsaye. Ki riƙa duba kwana uku zuwa biyar a jere, ki ga ko hawa yake ko sauka, har da na asuba: daren da gajimare ya rufe sama, zafin rana ba ya samun hanyar fita. Hasashen da ya zarce mako guda kuwa, alkibla kawai yake nunawa.