Amsar tambayarka kan tafkin kan dutse

Ɗana, saƙonka ya iso, kowa a gida yana gaishe ka. Na ga inda ka ce mutanen ƙauyen da ke bayan Gembu, a kan tsaunin Mambila, sun hana ku shiga ɗan tafkin nan na kan dutse, sun ce baƙo ba ya wanka a ciki sai an gaya wa mai gari, ba a kwana a bakinsa, ba a kuma kai la'asar a can. Ka tambaya ko camfi ne, ko bin sa zai taɓa imanin mutum. Na yi murmushi, amma da na kai inda ka ce ai ka iya iyo tun a kududdufin Daura, sai gabana ya faɗi.

Mu ma da ƙuruciya an hana mu kududdufi da tsakar rana da bayan magariba, ana ce mana 'yan ruwa za su ja ƙafa. Abin da ke jan ƙafar shi ne ramin da magina suka bari inda suka haƙi ƙasa: yaro na tafiya ruwa iya gwiwa, taku ɗaya ya zurma. Mahaifinmu, Allah ya jiƙansa, yakan ce ruwa ba ya tsami banza, kuma duk hanin da ya daɗe a gari, akwai wanda aka taɓa binnewa a kansa. Yaran yanzu sai an ba ku dalili a rubuce, shi kuwa dattijon ƙauye hanin ya gada, ba a bar masa takarda ba.

To bari in ba ka dalilan da ake iya aunawa. Daura ba ta kai mita 600 sama da teku ba, Mambila kuwa tana wajen mita 1,600. Kowane mita 1,000 da ka hau, zafi na raguwa da kamar digiri 6. Rana takan ɗumama saman ruwan kawai, ƙasansa sanyi ƙarara. In mutum ya yi tsalle ya faɗa, a minti na farko numfashi na iya ƙwace masa, ya ja ruwa ba da niyya ba. In ya tsira daga nan kuma ya daɗe cikin sanyin, hannu da ƙafa na iya mutuwa, ga gaɓa yana gani ya kasa kai wa. In tafkin bakin tsohon dutse mai aman wuta ne, ba shi da gangare irin na fadama, gefensa kamar rijiya yake. Sai ka sa gora mai tsawo ka soka a bakin ruwan, taku ɗaya, taku biyu, ka ga inda ta daina taɓa ƙasa. Amfanin gaya wa mai gari ke nan: ya san gefen da ke zabtarewa, ya haɗa ka da yaro, in kun daɗe kuma a san inda za a nema. Da ɗan gari akan ci gari.

La'asar kuwa gajimare ne. A kan tsauni da damina hadari kan haɗu bayan azahar, hazo ya sauko har ka kasa ganin wanda ke gabanka, ga tsawa, ga ciyawa mai santsi. Ku hau da hantsi, ku juyo kafin azahar ta yi nisa. Ku riƙe rigar sanyi busasshiya a leda, don jiƙaƙƙiyar riga da iska su ke kayar da mutum. Ruwan sha a tafasa shi ya yi minti ɗaya cur yana ɓararraka, tunda shanu na sha a nan. A tsayin nan ruwa na tafasa a wajen digiri 95, shi ya sa wake ke daɗewa bai nuna ba.

Kwana a bakin ruwa shi ne ya fi tsaya mini a rai. Ba na manta watan Agustan 1986. A rediyo aka fara ji, kafin mako ya zagayo babu zancen da ake yi a kara sai shi, don Fulani makiyaya na cikin waɗanda abin ya ci. Daren 21 ga wata, tafkin Nyos da ke kan tsaunukan Kamaru, ƙetaren iyaka daga inda kake, ya saki iskar da ta daɗe tana taruwa a ƙasansa, irin wadda ke cikin lemon kwalba. Zurfinsa ya haura mita 200, nauyin ruwan sama ne ke danne ta kamar murfi. Ba ta da launi, ta kuma fi iskar da muke shaƙa nauyi, sai ta bi kwari tana gangarawa kamar ambaliya, har wajen kilomita 25. Fitilu suka mutu da kansu. Mutum 1,746 suka rasu, da yawansu a kan shimfiɗa, da dabbobi kusan 3,500. Shanu kwance a makiyaya ba rauni ba jini, bukkoki na nan lafiya, itatuwa a tsaye. Da gari ya waye ruwan da aka sani shuɗi ya koma ja kamar tsatsa. Waɗanda suka kwana a kan tudu da yawansu sun tashi lafiya, na cikin kwari suka tafi. Shekara biyu kafin nan, a 1984, tafkin Monoun, shi ma a Kamaru, ya yi irin haka ya kashe mutum 37. Sai a 2001 aka sa wa Nyos bututun da ke fitar da iskar kaɗan-kaɗan.

Tafkunan da ke haka 'yan kaɗan ne a duniya, ban ce naku na ciki ba. Amma ko ba wannan, sanyin dare a kwari yake taruwa, ambaliya ma nan take bi. Masauki a kafaɗar tudu ake yi. In ka ga tsuntsaye matattu a bakin ruwa, ko ka kunna ashana kusa da ƙasa ta mutu alhali ba iska, ko kai ya fara sara da jiri, ku hau sama nan take, kada ku bi kwarin da gudu.

Batun imani, in an ce ka yi yanka ko ka roƙi wani abu a ruwan, kada ka yi, ka kuma kai sauran tambayar ga limamin da kake sallah a bayansa. Zuwa gaida mai gari da 'yar ƙwaryar goro ladabi ne, haka aka san 'yan gidanmu. Innarka ta ce a tambaye ka ko bargon da ta ba ka yana isarka, in ba ya isa a aiko maka da wani ta hannun direba.