Me Ya Kai Dodo Unguwa Mai Tsafta?

Tambaya: Malam, ɗana ɗan shekara 14 ya aro wani littafin zane na ban tsoro na Amurka. Na zaci zan ga maƙabarta ko ƙungurmin daji, sai na tarar komai a unguwar bayan gari yake faruwa, gidaje a jere, ciyawa a gyare. Me ya kai abin tsoro can? Daga wata uwa a Zariya.

Amsa: Hajiya, ana zaton wuta a maƙera ne, sai ta tashi a masaƙa. Mu Dodonmu na tatsuniya a daji yake ko a ruwa, in kin shiga gari kin tsira. Su kuwa cikin gida suka shigo da nasu, kuma da dalili.

Bayan Yaƙin Duniya na Biyu sojoji sun koma Amurka ba muhalli. Tsakanin 1947 da 1951 kamfanin Levitt ya gina gidaje sama da 17,000 a Levittown, kusa da New York, kusan duk kamarsu ɗaya, kuma ba a sayar wa baƙar fata. Mutanen da ba su san juna ba ne aka tara wuri guda, ba kaka, ba dangi kusa, maigida ya tafi aiki birni tun asuba, kowa ya ja ƙofarsa. A 1950 kamfanin buga littattafai na EC, na William Gaines, ya fara fitar da jerin littattafan zane na ban tsoro mai suna Tales from the Crypt, kuma a yawancin labaran da suka fi tsaya mini a rai babu aljani ko ɗaya. Miji ne da mata masu fara'a a waje, gawa kuma tana ɗakin ƙarƙashin ƙasa. Abin da ke tayar mini da tsikar jiki ke nan, maƙwabcin da ake gaisawa kullum amma ba wanda ya taɓa taka falonsa.

Iyayen can ma sun damu kamar ke. A 1954 wani kwamitin Majalisar Dattawan Amurka ya saurari Gaines kan irin waɗannan littattafai, masu buga littattafan suka kafa dokar tace kansu, kasuwar ta durƙushe shekaru.

Ki duba sunan wanda ke hannun yaron. In Black Hole ne na Charles Burns, labarin matasan bayan garin Seattle da wata cutar saduwa ke sauya wa halitta, na manya ne, akwai tsiraici da shaye-shaye. Ki karɓe shi cikin lalama, ki tambaye shi wane shafi ne ya fi ba shi tsoro.