Idan masu ba da agaji sun janye hannu, za mu iya riƙe kanmu?

Tambaya: Assalamu alaikum, Malam. Ni ma'aikaciyar jinya ce a wata ƙaramar hukuma ta Jihar Katsina. Tun da Amurka ta rage tallafin da take bayarwa, kayan aiki suka yi ƙaranci a wurinmu, aka kuma sallami wasu abokan aikinmu da ƙungiyoyi ke biya albashi. Wasu na cewa gara haka, wai guntun gatarinka ya fi sari ka ba ni, wasu kuma na cewa rayuka za su salwanta. Shin agajin ƙasashen waje ne ya hana mu ci gaba? Kuma akwai ƙasar da ta taɓa yaye kanta daga agaji?

Amsa: Wa'alaikumus salam wa rahmatullah. Malama, Allah ya saka muku da alheri kan aikin da kuke yi. Ɓangarorin biyu da kika ambata kowanne yana da gaskiyarsa, sai dai masu tsoron asarar rayuka suna maganar bana da baɗi ne, masu karin maganar gatari kuwa suna hangen shekara ashirin masu zuwa, kuma yaron da ke kwance a gadon asibitinku ba zai iya jiran shekara ashirin ba.

Abin da ya iso gare ku ya faro ne daga ranar 20 ga Janairun 2025, lokacin da Shugaba Donald Trump ya ba da umarnin dakatar da agajin Amurka na kwana 90 domin a sake nazari. A watan Maris sakataren harkokin wajen ƙasar, Marco Rubio, ya ce an soke kashi 83 cikin 100 na shirye-shiryen USAID, hukumar agajin Amurka, zuwa watan Yuli kuma aka rufe hukumar, aka mayar da ragowar ayyukanta ƙarƙashin ma'aikatar harkokin waje. Birtaniya ma ta sanar a watan Fabrairun wannan shekarar cewa za ta rage agajinta daga kashi 0.5 zuwa kashi 0.3 cikin 100 na kuɗin shigar ƙasarta nan da 2027, domin ta ƙara wa tsaro. Ki tuna cewa tun 1970 Majalisar Ɗinkin Duniya ta tsayar da kashi 0.7, kuma ƙasashe ƙalilan ne suka taɓa cika wannan alkawari. Saboda haka bai kamata a ɗauki wannan janyewa a matsayin fushin mutum ɗaya da zai wuce idan ya bar mulki ba.

A ganina, abin da ya fi yawan agajin muhimmanci shi ne wurin da aka ajiye shi. Najeriya ba ta cikin ƙasashen da agaji ya yi wa katutu idan aka duba lissafi baki ɗaya, domin a shekaru da dama abin da take samu bai wuce kimanin kashi 1 cikin 100 na arzikin da take samarwa a shekara ba, kuma kuɗin da 'yan ƙasar mazauna waje ke aikowa gida, wanda ya kai kusan dala biliyan 20 a shekara, ya ninka shi sau da yawa. To, me ya sa janyewarsa ta yi zafi haka? Saboda an bar shi ya zauna a kan abubuwan da rai ya rataya a kansu: maganin masu ɗauke da cutar ƙanjamau, wanda shirin PEPFAR na Amurka da Asusun Global Fund suka daɗe suna ɗaukar mafi yawan nauyinsa, da gidan sauro, da maganin tarin fuka, da alluran rigakafi, da abincin yara masu tamowa. Gwamnatocinmu sun ga akwai mai biyan waɗannan, sai suka karkata kuɗinsu zuwa wasu wurare. A watan Afrilun 2001 shugabannin Afirka suka taru a Abuja suka ɗauki alkawarin ware kashi 15 cikin 100 na kasafin kuɗi ga lafiya, amma ƙasar da ta karɓi baƙuncin taron yawanci tsakanin kashi 4 ne zuwa 6 take warewa a matakin tarayya.

Ki ɗauki abin da kika fi ni sani, wato ƙullin abincin tamowar nan da kuke ba uwa idan kun zagaya igiyar awo a damtsen ɗanta kuka ga ta faɗa kan ja, ƙasa da santimita 11.5. Kwali ɗaya yana ɗauke da ƙulli 150, kuɗinsa kimanin dala 50, kuma shi ne gwargwadon abin da ke tayar da yaro ɗaya cikin mako shida zuwa takwas. Idan kika karanta abin da ke ciki, gyaɗa ce da madarar gari da sukari da mai da sinadaran gina jiki. Wannan yanki da ya yi suna da dalar gyaɗa ya shafe shekaru yana jiran a sayo masa wannan haɗi da kuɗin wata ƙasa. A Yamai akwai masana'antar da take yin sa tun wajen 2005, a Najeriya ma an kafa wasu, amma madarar garin daga waje take zuwa, gyaɗar gida kuma sau da yawa ba ta tsallake gwajin gubar da ruma ke haifarwa idan ba a shanya ta da kyau ba. Babban mai sayen kayan kuma har yanzu hukumomin agaji ne. Kin ga ke nan ko da masana'antar tana ƙofar gida, muddin kuɗin sayen yana fitowa daga Washinton ko Landan, dogaron yana nan daram.

Lamarin Nijar ya sha bamban, domin a can agajin ya shiga cikin baitulmalin gwamnati ne kai tsaye. Bayan juyin mulkin 26 ga Yulin 2023, da Tarayyar Turai da Faransa da wasu suka dakatar da tallafi, ƙungiyar ECOWAS kuma ta ƙaƙaba takunkumi, sai da sabbin mahukunta suka zaftare kasafin kuɗin shekarar da kashi 40 cikin 100, daga sefa tiriliyan 3.29 zuwa tiriliyan 1.98. Sun kafa asusun haɗin kai na ceton ƙasa, wanda ake tara masa kuɗi daga gudummawar jama'a da ɗan abin da ake cira a kiran waya da sufuri, kuma mutane da yawa sun bayar da zuciya ɗaya. Amma a watan Afrilun 2024 gwamnatin ta karɓi dala miliyan 400 daga kamfanin man fetur na Sin, CNPC, a matsayin kuɗin gaba da za a biya da ɗanyen man Agadem, da ruwa a kai. Ba na zargin kowa da wannan, domin albashi ba ya jira, amma ya nuna cewa sauya mai ba da kuɗi abu ne mai sauƙi, samar da kuɗin a cikin gida kuwa aiki ne na shekaru.

Game da ko agaji ne ya hana ci gaba, amsata ita ce shi kaɗai bai isa ya hana ba, amma yana da wata illa da ba a cika ambata ba. An fi maganar sharuɗɗa, kuma gaskiya ne kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. Indiya ta ɗanɗana wannan a tsakiyar shekarun 1960, lokacin da fari ya same ta, Shugaba Lyndon Johnson kuma ya riƙa sakin jiragen ruwan alkama kaɗan-kaɗan domin ya matsa mata ta sauya manufofinta. Wannan wulaƙanci yana cikin abin da ya sa ta dage kan ingantaccen iri da taki da noman rani har ta ciyar da kanta. Illar da ta fi damuna ita ce agaji yana sauya wanda gwamnati ke jin tsoro. Gwamnatin da ke rayuwa da harajin mutanenta dole ta saurare su, wadda kuɗinta ke zuwa daga waje kuwa rahoton da za ta aika wa mai bayarwa shi ne a gabanta. Mu a arewacin Najeriya mun san irin wannan ta wata fuska, domin yawancin jihohinmu da kason wata-wata na Abuja suke biyan albashi. Tun a zamanin mulkin mallaka En'e ta Kano ta yi aikin ruwan famfo da lantarki da asibitin birni daga baitulmalinta. Ba ina yabon yadda ake karɓar haraji da jangali a wancan lokaci ba ne, domin zaluncin da ke ciki shi ya sa talakawa suka yi murna da gwamnonin PRP, Abubakar Rimi da Balarabe Musa, suka soke su a 1979. Sai dai ba a maye gurbinsu da wani tsari mai adalci ba, kuɗin mai ya rufe ramin, daga baya agaji ya rufe abin da mai ya bari.

Akwai ƙasashen da suka yaye kansu. Koriya ta Kudu ta rayu da tallafin Amurka bayan yaƙin 1950 zuwa 1953, ta raba gonaki ga manoma, ta ilmantar da jama'arta, ta koma sayar da kayan masana'anta a waje, a 2010 kuma ta shiga sahun masu ba da agaji. Wadda ta fi kusa da mu ita ce Botswana. Lokacin da ta sami 'yanci a 1966, Birtaniya ce ke biyan kusan rabin kuɗin gudanar da gwamnatinta, titin kwalta kuma bai wuce kilomita 12 ba a faɗin ƙasar. An gano lu'ulu'u a Orapa a 1967, amma abin lura shi ne yadda gwamnatin Seretse Khama ta tafiyar da lamarin: ta mayar da haƙƙin ma'adinai hannun ƙasa baki ɗaya, ta sake yarjejeniyar kuɗin kwastan da Afirka ta Kudu a 1969, ta ci gaba da ciniki da kamfanin De Beers har kasonta ya kai rabi. Zuwa 1973 ta daina karɓar tallafin gudanar da gwamnati. Ba ta kori masu agaji ba, ta ci gaba da karɓa, amma duk aikin da za a yi sai ya kasance cikin tsarin raya ƙasa da majalisarta ta amince da shi, kuma sai an san da me za a riƙa kula da shi bayan an gama. Ita ma yanzu tana shan wahala saboda faɗuwar kasuwar lu'ulu'u, har ta ayyana dokar ta-ɓaci kan ƙarancin magunguna a watan Agustan 2025.

Waɗanda suka fi ɗaga murya kan dogaro da kai ba lallai su ne suka cim masa ba. Shugaban Tanzaniya Julius Nyerere ya shelanta manufar a Arusha a 1967, amma da aka tilasta wa manoma komawa ƙauyukan haɗin gwiwa, noma ya ja baya, Tanzaniya ta zama cikin manyan masu karɓar agaji a Afirka, a 1986 kuma ta miƙa wuya ga Asusun Ba da Lamuni na Duniya. Gana ta ɗaga tutar rayuwa ba tare da agaji ba daga 2017 a zamanin Nana Akufo-Addo, sai dai ta maye gurbin agajin da bashi mai tsadar ruwa daga kasuwannin duniya, a Disambar 2022 ta kasa biya, a Mayun 2023 ta karɓi lamunin dala biliyan 3 daga asusun. Thomas Sankara ya yi da gaske a Burkina Faso wajen noma da saƙar gida da rigakafi, amma an kashe shi a 1987 bayan shekara huɗu kacal, kafin a ga inda tafiyar za ta kai.

Misalin da na fi so yana kusa da ke, a ƙetaren iyaka. Bayan farin shekarun 1970 da 1980 an kashe kuɗin agaji masu yawa wajen dashen itatuwa a Nijar, yawancin dashen kuma ya mutu. Abin da ya yi aiki shi ne sassaben zamani a yankunan Maraɗi da Damagaram: idan manomi ya zo sharar gona, maimakon ya sare duk tohon da ya fito daga tsohon kututture, sai ya zaɓi reshe biyu ko uku masu ƙarfi ya bari, ya datse sauran, ya riƙa kula da su. Saiwar tana nan da rai a ƙarƙashin ƙasa, don haka itacen yana tashi da sauri. Gawo kuwa yana zubar da ganye da damina, ba ya tare wa gero rana, ganyen yana zama taki, 'ya'yansa kuma abincin dabbobi ne da rani. An ƙiyasta cewa an farfaɗo da kimanin hekta miliyan 5 ta wannan hanya. Baƙi sun taimaka wajen yaɗa dabarar, amma abin da ya sa ta kama shi ne manomi ya sami tabbacin cewa itacen da ya raina nasa ne, ma'aikacin gandun daji ba zai ci shi tara ba idan ya sari reshe. Babu albashi ko mota da za a daina biya idan wata ƙasa ta sauya shugaba.

Magani da allura ba sa tsirowa daga kututture, dole sai da kuɗi, kuma nan ne maganar ta koma kan haraji da kasafi. Masana na ganin ƙasa tana buƙatar harajin da ya kai aƙalla kashi 15 cikin 100 na abin da take samarwa kafin ta iya ɗaukar ayyukan yau da kullum, Najeriya kuwa ta daɗe a ƙasa da haka. An sa hannu kan sabbin dokokin haraji a watan Yunin 2025, majalisar tarayya kuma ta ƙara kimanin dala miliyan 200 a kasafin lafiya na wannan shekarar domin rage giɓin da Amurka ta bari. Mataki ne mai kyau, amma rubuta kuɗi a kasafi daban, sakinsa daban. Abin da zan ba ki shawara ki riƙa bibiya, ke da ƙungiyarku ta ma'aikatan jinya, shi ne ko jiharku ta saka sayen abincin tamowa da magunguna a kasafinta da sunansu, ko ta saki kuɗin kafin watannin damina da rumbuna ke ƙarewa, da kuma ko ta mayar da ma'aikatan da aka sallama cikin jerin masu karɓar albashinta. Wata jarrabawar ma tana tafe, domin ƙawancen Gavi, wanda ke tallafa wa sayen alluran rigakafin yara, ya tsawaita wa Najeriya wa'adi ne zuwa 2028, bisa sharaɗin cewa kason da gwamnati ke biya zai riƙa ƙaruwa kowace shekara har ta ɗauki nauyin gaba ɗaya.