Amsa: Dalilin da labarin finafinan Telugu yake juyawa a tsakiya

Malam, ka tambaya me ya sa jarumin da aka fara nunawa a matsayin talaka mai haƙuri yakan rikiɗe ya zama wani daban da zarar fim ya kai rabi. Asalin abin daga gidajen sinima ne. A jihohin Andhra Pradesh da Telangana na kudancin Indiya, inda ake magana da harshen Telugu, ana tsayar da fim a tsakiya domin 'yan kallo su sha iska su sayi abin taɓawa, saboda haka marubuci yakan ajiye babban sirrin labarin daidai wannan gaɓar, don kowa ya dawo kujerarsa yana ɗokin jin sauran. Bayan hutun ne ake komawa baya a warware tarihin jarumin, wanda sau da yawa gaba ce ta gado tsakanin manyan gidaje a yankin Rayalaseema na jihar Andhra Pradesh, kamar yadda aka gani a finafinan Samarasimha Reddy na 1999 da Indra na 2002. Mu da muke kallon fassarar Hausa a waya ba ma ganin hutun, shi ya sa juyin yake zo mana ba zato. A ganina salon yana da armashi, sai dai an yawaita shi har mai kallo yakan hango sirrin tun kafin a faɗa.