Bidiyon "kyamarar da aka tsinta a daji": gaske ne ko fim?

Tambaya: Malam, barka da ƙoƙari. An turo mana wani bidiyo a WhatsApp, wai na wasu ɗalibai Turawa ne da suka ɓata a daji, daga baya 'yan sanda suka tsinci kyamararsu. Hoton sai rawa yake, ana ta ihu cikin duhu, ga kwanan wata a gefe. Ta yaya zan gane gaskiyarsa? Daga wata mai karatu a Zariya.

Amsa: Malama, yadda kika siffanta shi, wani salo ne na finafinan ban tsoro da ake shiryawa kamar wanda abin ya rutsa da shi ne ya ɗauka da hannunsa. Wanda ya fi shahara shi ne The Blair Witch Project, da ya fito a Amurka a 1999. 'Yan wasa uku ne aka ba kyamara suka shiga daji, suna amfani da sunayensu na ainihi. Masu fim ɗin suka buɗe shafin intanet ɗauke da rahotannin 'yan sanda na bogi, har da takardun cigiya masu hotunansu. Jama'a da dama suka ɗauka sun mutu, alhali suna nan da ransu. Fim ɗin ya tara kusan dala miliyan 250.

Kwanan watan nan kada ya ruɗe ki. Manhajar tace bidiyo ta kyauta ma tana liƙa shi, har da dishi-dishin tsohon kaset. Ki kasa kunne: wayar mai gudun ceton rai numfashi da ƙarar iska take kwasowa, ba magana tangaran ba. Sannan mai tsoro na gaske ba ya tsayawa saita fuskar abokinsa.

Abin da ya fi, ki tsayar da bidiyon inda fuska ta fito sosai, ki ɗauki hoton allon, ki saka shi a Google Lens, manhajar Google mai bincike da hoto. In fim ne, galibi sunansa zai bayyana.

Abin yana damuna ƙwarai, domin a yankinmu akwai iyalan da 'yan'uwansu ke hannun masu garkuwa, kuma irin wannan bidiyo kan dawo da sabon suna, a ce a dajin kaza ne. Kafin ki tura wa kowa, ki duba samansa: in akwai kibiya biyu, WhatsApp na shaida miki ya bi hannaye da yawa, wanda ya turo miki ba shi ya ɗauka ba.